Sunan da Na Rubuta a Shagon Tukur

Na san abin da kuke faɗa idan kun haɗu da salla ba na wurin. Kuna cewa Umma ce ta shiga tsakanin Malam da babban yayanku, da ta ja bakinta ta yi shiru da ba a kai inda aka kai ba. Ban taɓa tanka muku ba, don ban ga kyan uwa ta zauna gaban 'ya'yanta tana wanke kanta ba. To amma yanzu Malam ya riga mu gidan gaskiya, ni ma gwiwoyi sun fara yi min gargaɗi, shi ya sa na ga gara in rubuta muku abin yadda ya faru. In kun karanta, kowa ya yanke hukuncin da ya ga dama.

Abin ya samo asali ne a shekarar da kunnen Malam ya tafi. Zazzaɓi ne mai zafi ya kwantar da shi da damina, ya tashi, kunne bai tashi ba. Ku da kuka san shi kun san mutum ne mai magana. Malamin gona ne har ya yi ritaya, babu ƙauyen da bai zauna ƙarƙashin bishiyarsa yana gardamar irin gyaɗa ba, daga Turawa har Kafin Dafga. Rana ɗaya duniya ta yi masa tsit. Ni kuwa da na ƙare rayuwata ina koyar da Hausa a firamare, sai na ɗauko ƙaramin allo da alli na zama kunnensa. Baƙo ya yi magana, in rubuta, Malam ya karanta ya ba da amsa da ƙarfi kamar mai kiran wani a bayan gari. Abin da ba a gaya mana a asibiti ba shi ne kurumta da zargi take zuwa. In mutum biyu suka yi dariya a tsakar gida, da shi ake. In na rubuta masa layi ɗaya, sai ya dubi bakin mai maganar, ya dubi allon, ya dube ni.

"Maganar da ya yi ta fi wannan tsawo," haka yake cewa. "Ina sauran?"

Gaskiya kuwa ina tacewa. Wa zai rubuta wa marar lafiya cewa an ce ya rame? Amma ya gane, kuma tun daga nan duk abin da ya fito daga allina da rabin zuciya yake karɓarsa.

Da kaka ta yi aka kira taron dangi a Rogo, gidan ƙaninsa, Baffanku Sale. Maganar gandun mahaifinsu ce, a raba ko a bar shi yadda yake. Malam ne babba, shi ke da ta cewa, Baffa Sale kuma shi ke noma shi. Mu mata muna cikin gida muna fama da tukwane, ban ji ko kalma ɗaya daga abin da aka faɗa a ƙofar gida ba. Malam ya zauna a tsakiyar tabarma tun hantsi har la'asar, kowa ya tashi ya yi bayani, shi yana gyaɗa kai yana murmushi. Wani cikin dangi ya kafa waya a kan sanda ya ɗauki taron daga farko har ƙarshe. A mota muna dawowa Karaye Malam ya ce da ni:

"Yau an ajiye ni kamar turmi. A kan gonar ubana ake magana, ban san ko sayar da ni aka yi ba."

Ƙanwarku Rabi ce ta ce za ta share masa hawaye. A lokacin tana Kano tana aikin rubutun nan da ake sa wa a ƙasan bidiyo. Ta karɓi hoton taron, ta zauna ta rubuta duk abin da aka faɗa. Ni a da na ɗauka rubutun a jikin hoton yake. Ashe fayil ne daban, ɗan ƙarami, kowane layi da lokacin da zai bayyana da lokacin da zai ɓace, sai an haɗa su biyun suke tafiya tare. Ta turo ta waya, talabijin ɗinmu ta ƙi karɓa. Babban yayanku ne ya ce a ba shi, ya kai shagon wani Tukur da ke kusa da tasha, mai tura wa mutane finafinai da wa'azi, aka juya fayil ɗin zuwa irin wanda talabijin ke ganewa, aka zuba a filashi. Su biyu suka kalla a ɗakin Malam, shi da yayan naku, labule a sake. Na shiga kai musu abinci, na tarar hoto na motsi amma ba a jin komai. Na ce yaya haka? Yayanku bai ɗago ba ya ce, tunda Malam ba ya ji, mene ne amfanin cika gida da hayaniya. Na ga maganar ta yi ma'ana, na fita. Daga baya ne shirun nan ya dawo yana yi min yawo a ka.

Tun daga ranar Malam ya daina ambaton Rogo. Baffa Sale ya aiko da buhun masara kamar yadda ya saba kowace kaka, Malam ya sa aka mayar da shi a motar da ta kawo shi. Na rubuta masa, me ya faru? Ya goge da tafin hannunsa. Na sake rubutawa, ya tashi ya bar min ɗakin. Ni kuwa zargi ya kama ni, na shiga auna kowa. Na ce lalle Baffa Sale ya ga yayansa ya nakasa, ido ya buɗe a kan gandu. Na tuna yadda matarsa ta yi ta ba ni baki a madafa ranar taron, na ce ashe shagaltar da ni take yi. Har Rabi ban bari ba, don ta kira ni tana ta kewaye-kewaye.

"Umma, Malam ya kalla?"

"Ya kalla."

"Bai ce komai ba? Yaya fa, yana shigowa gaishe shi kamar da?"

"Yana shigowa mana, har ya fi da. Me kika ji ne a ciki?"

"Ni dai abin da na ji na rubuta, Umma. Ban ƙara ba, ban rage ba."

Ta kashe waya ta bar ni da tambaya a baki. Me ya haɗa yayanta da maganar?

Ana haka Allah ya ba Baffa Sale kujerar Makka. Kun san al'ada, maniyyaci ba ya tafiya sai ya zaga dangi ya nemi gafara, balle yayansa uwa ɗaya uba ɗaya. Ya zo Karaye da sassafe ana sauran 'yan kwanaki su tashi. Na rubuta wa Malam cewa ƙaninsa na zaure. Ya juya fuska bango. Bawan Allah nan ya zauna a zaure har aka kira azahar, ruwan da na aika masa ko taɓawa bai yi ba. Da na ga abin ya yi yawa na yafa mayafi na fita.

"Malama, me na yi wa Yaya?" ya ce. "Tafiyar nan ba kowa ke dawowa ba. Yaya zan tsaya gaban Ka'aba Yaya na fushi da ni?"

"Baffan yara, ni zan tambaye ka. Me aka faɗa a taron nan?"

Sai ya sunkuyar da kai yana wasa da carbi.

"An yi magana, an yi addu'a, an watse."

Wallahi a lokacin na ce wannan sunkuyawar ta marar gaskiya ce. Na sallame shi sama-sama, ya tafi yana share ido da hannun riga.

Na koma ɗaki raina a ɓace, na rubuta wa Malam da manyan baƙaƙe cewa ba zan tashi ba sai ya gaya min. Sai ya kunna talabijin, ya yi ta tura hoton gaba har kusan ƙarshe, ya tsayar. Ga Baffa Sale a tsaye, hannu a ƙirji. A ƙasansa an rubuta: "Malam ya zama kaya. Wanda ba shi da kunne ba ya ri?e gandu, a kar?e a ba masu jini a jika." Haka na gan shi, duk inda ƙa ko ɓa ko ɗa take, alamar tambaya ce a wurin.

"Kin gani?" in ji Malam. "Ni na goye shi. Ina zaune a gabansa ina yi masa murmushi. Ko Yaya bai iya ce min ba, wai Malam."

Nan ne na lura da wani abu. Tun da na shigo gidan nan ban taɓa jin Baffa Sale ya ce masa Malam ba, ko a bayan idonsa. Na karɓi rimot, na saki hoton, na ƙara murya. Abin da ya fito daga bakin Baffa Sale shi ne:

"Muddin Yaya na numfashi, ba mai taɓa gonar nan sai da izininsa. Kunne ne ya tafi, hankali na nan."

Baki na faɗin wani abu, rubutu na faɗin wani. Na ajiye rimot ɗin. Malam kuwa fuskata yake karantawa.

"Me kika ji?"

Na rubuta masa cewa rubutun ya lalace, ƙugiyoyin haruffa duk sun zube, zan kai a gyara. Ya yi min irin kallon da yake yi wa allona, ya zare filashin ya miƙo min.

Washegari na tafi shagon Tukur da niyyar faɗa. Ban san shi ba, amma na riga na yanke cewa wani ne ya sa shi ya yi wannan aika-aika. Na tarar da magidanci mai furfura a gemu, yana zaune tsakanin wayoyin caji. Ban ko gama amsa gaisuwarsa ba na ce:

"Wa ya ce ka ɗora wa mutum maganar da bai faɗa ba?"

"Subhanallahi. Hajiya, zauna mu duba tare."

Ya buɗe a kwamfuta, ya ba ni abin sawa a kunne. A farkon taron, liman na buɗe baki rubutu na fitowa, daidai wa daida. Ya tura gaba kaɗan, sai rubutun ya fara makara, a gama kalma sannan ta bayyana. Ya tura tsakiya, mutum ya yi nisa a zance rubutu na biye da shi a baya. Kafin a kai ƙarshe, sai mai magana ya zauna wani ya tashi, sannan maganar na farkon ta sauka a ƙarƙashin fuskar na biyu. Tukur ya dafe kai. Ya ce Rabi ta auna lokutanta a kan hoton asali, shi kuma da ya juya hoton don talabijin ta karɓa, gudun ya ɗan bambanta. Bambancin bai taka kara ya karya ba, amma a taro mai tsawo haka yana taruwa. Ya ce farkon kawai ya duba ya ga lafiya, bai bi har ƙarshe ba. Ƙugiyoyin kuma, manhajar da ya juya fayil ɗin da ita ba ta san haruffan Hausa ba, sai an adana shi a tsarin da ya san su. Ban sake shi haka nan ba.

"Ba wanda ya ce ka matsar?"

"Hajiya, da hannu aka matsar, da tun daga bismillar liman zai kauce. Wannan a hankali ya yi ta zamewa. Sakacina ne, ba na kowa ba."

Ya nemo fayil ɗin Rabi na asali a cikin kwamfutarsa, ya daidaita gudun, muka shiga bi layi-layi, ina saurare ina duba rubutu kamar yadda nake duba takardun jarrabawa. In layi ya riga baki in ce ja da baya, in ya makara in ce matso da shi. Ƙugiyoyi suka dawo mazauninsu. Har ga Allah ina jin daɗin aikin, na ma manta abin da ya kawo ni, sai da muka iso wurin. Wanda ya tashi kafin Baffa Sale ya gyara hula, ya yi gyaran murya. Ba sai na kalli fuskar ba. Muryar da na fara ji tana kuka a ɗakin mahaifiyata ce, ranar da na zama uwa. Ya faɗi maganar nan tiryan-tiryan, mahaifinsa na zaune a gabansa yana gyaɗa masa kai, da ya zo kan kunne har ya ɗaga yatsa ya taɓa nasa. A tsohon fayil ɗin, abin da ya sauka ƙarƙashin fuskarsa addu'ar wani dattijo ce da ya riga shi magana, Allah ya ƙara wa Malam lafiya, ba mu da kamarsa.

Sai komai ya faɗo min a lokaci ɗaya: kewaye-kewayen Rabi, sunkuyawar Baffa Sale, wanda ya gwammace yayansa ya ƙi shi da ya tona ɗan yayansa, da kuma talabijin ɗin nan da aka kashe wa murya. Na yarda ba yayanku ne ya matsar da rubutu ba. Ko ya kashe muryar ne tun farko don kada in ji daga tsakar gida, wannan har yau ban sani ba, kuma zargin bai bar ni ba. Abin da na sani shi ne yana zaune kusa da ubansa ya ga maganarsa ta sauka a kan baffansa, ya ga an mayar da masara, ya wuce Baffa a zaure ya gaishe shi, bai ce komai ba.

Tukur ya ga yadda na yi, ya rage murya.

"Hajiya, ana iya goge layin nan. Ba wanda zai sani."

Kada ku ɗauka ban yi sha'awar hakan ba. Ɗana ne. Amma Malam ya riga ya haddace layin, in ya neme shi ya rasa zai ce na sake tacewa, Baffa Sale kuma ya hau jirgi da laifin da ba nasa ba. Na ce kada ya goge ko ɗigo. Na ƙara da cewa ya sa sunan kowane mai magana a farkon layinsa, yadda ko rubutu ya sake zamewa magana ba za ta bar mai ita ba. Muka koma farko, ina faɗin sunaye yana bugawa. Da muka zo kansa Tukur ya dakata.

"Wannan ai shi ya kawo aikin, amma Alhaji kawai nake ce masa. Wane suna za a sa?"

Ku 'yan yanzu kuna ganin abin wasa ne, amma mu a gidanmu mace ba ta kama sunan ɗanta na fari. Tun ranar suna ban taɓa faɗinsa ba, ban taɓa rubuta shi ba, ko a makaranta da ya zo ajina wata malama ce ke kiran sunansa. Wancan nake cewa, ko yayanku. Na buɗe baki ya ƙi fita. Tukur ya gane, ya ce ko a sa "ɗanka" kawai. Na ce 'ya'ya maza uku gare shi, kuma kowa an sa sunansa, in aka zo nan aka kauce Malam zai gani. Na ce ya ba ni biro. A gefen wani kwalin waya na rubuta, na tura masa ban kalla ba.

Da na kai wa Malam, ya bi shi tun daga farko, ni ina gefe. Da sunan ya fito ya tsayar da hoton, ya juyo.

"Rubutu biyu ke nan. Wancan ya ce Sale, wannan ya ce wani. Ke kika fita da shi, ke kika dawo da shi. Wanne zan gaskata?"

Maganar ta yi min ciwo ƙwarai, amma ban ga laifinsa ba. Na rubuta masa: kada ka gaskata ni, dubi hannunsa. Ya mayar baya ya saki. Kalmar kunne na fitowa, yatsa na taɓa kunne. Ya sake mayarwa, ya matsa har hancinsa na neman taɓa gilashin. Sannan ya bar shi ya wuce kan Baffa Sale, ya ga bakin ya buɗe a kan Yaya daidai lokacin da rubutu ya ce Yaya. Ya kashe talabijin. Bai yi kuka ba, sai ya tambaye ni ko farar rigarsa na da guga.

Motar farko ya bi zuwa Rogo, bai yarda na raka shi ba. Matar Baffa ce ta ba ni labari daga baya, ta ce a ƙofar gida Malam ya durƙusa wa ƙaninsa, Baffa na ɗaga shi yana ƙi, duk su biyun suna hawaye mutane na kallo. Malam ne ya raka Baffa har sansanin alhazai.

Da ya dawo ya aika aka kira yayanku. Ya zaunar da shi a inda ya zauna ran farko, ya ɗage labule, ya kunna wurin, ya danna murya har ƙarshenta. Shi da ba ya jin komai. Maganar ta cika gidan nan, matan 'yan'uwanku na tsakar gida suka daina daka. Bai zage shi ba, bai ɗaga masa hannu ba. Da aka gama ya ce masa, tashi ka tafi, na ji. Kun san sauran. Yayanku ya kwashe iyalinsa ya koma Kano kafin damina. Yana zuwa da salla, Malam na amsa gaisuwarsa, kuma kafin ya rasu ya ce ya yafe masa, ni na shaida. Amma bai ƙara yarda ya zauna da shi ba sai ina wurin da allona.

Ranar da yayanku zai tashi zuwa Kano ya shigo ɗakina sallama. Ya durƙusa daga bakin ƙofa. Ashe ya je wurin Tukur, ya ga kwalin.

"Umma, tun ina yaro nake son in ga ranar da sunana zai fito daga wajenki," ya ce. "Ban taɓa samu ba sai ranar da za ki tona min asiri."

Ina son yayanku fiye da yadda kunya ta bar ni in nuna, kuma maganar nan tasa da ita zan shiga kabari. Amma da za a mayar da ni shagon nan, Baffanku na zaune a zaure yana jiran yayansa ya fito, zan sake cewa Tukur ya miƙo min biron.